Yadda ake ninka ɓangaren lamba mai alamar debewa da cikakkiyar lamba

Daga cikin darussan lissafi da ake koyarwa a ƙaramar sakandare akwai ninka ɓangaren lamba mai alamar debewa da cikakkiyar lamba, kamar −3/4 × 5. Darasi ne gajere, amma ya haɗa abubuwa biyu da suka saba rikita ɗalibai: lambar da ba cikakkiya ba, da lambar da ta gaza sifili. Ɗalibin da bai riƙe shi da kyau ba zai yi ta tuntuɓe da shi a aljabara da darussan kimiyya da lissafin kuɗi, har zuwa jarrabawar WAEC da NECO, inda ɓacewar alama ɗaya kan lalata amsar da aka sha wahala kafin a kai gare ta.

Darasin gaba ɗayansa ya rataya ne a kan abu guda. Kowace lamba irin wannan tana ɗauke da bayani biyu, wato girmanta da alƙiblarta. Girman yana amsa tambayar "nawa ne?", alƙiblar kuma tana amsa tambayar "samu ne ko rashi?". Idan aka warware kowanne shi kaɗai, sannan aka haɗa su a ƙarshe, da wuya amsa ta kauce.

Ma'anar kalmomin

Cikakkun lambobi su ne waɗanda ake ƙirga da su, 1, 2, 3 zuwa sama, tare da sifili. Ɓangaren lamba kuwa shi ne abin da ake samu idan aka raba abu guda kashi-kashi daidai wa daida, aka ɗauki wasu daga cikin kason. A 3/4, wanda ake karantawa uku bisa huɗu, lambar ƙasa tana nuna kashi nawa aka raba abin, lambar sama kuma tana nuna kashi nawa aka ɗauka.

Hausa tana da tsofaffin sunaye na waɗannan ɓangarori, waɗanda yawancinsu suka shigo daga Larabci ta hanyar karatun rabon gado da zakka. Akwai sulusi (1/3), rubu'i (1/4), humusi (1/5), sudusi (1/6), sumuni (1/8) da ushiri (1/10), ga kuma rabi (1/2) da ke bakin kowa.

Alamar debewa, wadda ɗalibai suka fi sani da mainos, idan ta zo a gaban lamba tana nuna cewa lambar tana ƙasa da sifili. Hanya mafi sauƙi ta gane hakan ita ce a ɗauke ta a matsayin bashi. Wanda ke da mudu uku na gero yana da 3. Wanda ba shi da komai yana da 0. Wanda ba shi da komai kuma ana bin sa rubu'in mudu yana da −1/4, domin ko an ba shi rubu'in mudu kyauta, iyakarsa ya biya ya koma sifili. A layin lambobi, inda sifili ke tsakiya, lambobin samu suna hannun dama, na bashi kuma suna hannun hagu.

Ana iya rubuta alamar a wuri uku ba tare da ma'ana ta canza ba: −3/4, ko (−3)/4, ko 3/(−4). Duka ukun lamba ɗaya ce.

Ƙa'idar ninkawa

Matakai huɗu ake bi. Na farko, a tsayar da alamar amsa: lamba mai alamar debewa idan aka ninka ta da marar alama, amsa tana ɗaukar alamar debewa. Na biyu, a ajiye alamar a gefe, a ninka lambar sama da cikakkiyar lambar. Na uku, a bar lambar ƙasa yadda take. Na huɗu, a rage amsar zuwa mafi ƙanƙantar siffarta, sannan a mayar mata da alamarta.

A misalin −3/4 × 5, alamar amsa ta debewa ce. Uku sau biyar 15 ne, lambar ƙasa kuma tana nan a 4. Amsa ita ce −15/4, wato −3¾.

A −2/3 × 6, biyu sau shida 12 ne, amsa ta zama −12/3. Tun da 3 tana shiga 12 sau huɗu ba saura, amsar ƙarshe ita ce −4.

Idan lambobin suna da girma, ya fi sauƙi a fara da rabawa kafin ninkawa. A −5/8 × 24, maimakon a ninka 5 da 24 a samu 120 sannan a raba da 8, ana iya raba 24 da 8 tun farko a samu 3, a ninka da 5 a samu 15. Ta kowace hanya aka bi, amsa −15 ce.

Jerin lambobin ba ya canza komai: 5 × (−3/4) daidai yake da −3/4 × 5. Haka kuma duk abin da aka ninka da sifili sifili ne, kuma sifili ba ya ɗaukar alama.

Dalilin da ya sa ba a taɓa lambar ƙasa

Ninkawa da cikakkiyar lamba maimaita tarawa ce. Idan aka ce −1/4 × 3, ana nufin a tara −1/4 har sau uku. Bashin rubu'i ɗaya, da wani rubu'in, da wani kuma, sun zama bashin rubu'i uku, wato −3/4. Abin da ya ƙaru shi ne yawan rubu'o'in. Girman kowane rubu'i yana nan yadda yake. Lambar ƙasa tamkar sunan ma'auni ce: buhu biyu sau uku buhu shida ne, buhun bai rikiɗe ya zama tiya ba.

Akwai bayani na biyu da malamai ke yi. Kowace cikakkiyar lamba ana iya rubuta ta a matsayin ɓangare mai 1 a ƙasa, kamar 5 = 5/1. Idan aka bi ƙa'idar ninka ɓangare da ɓangare, sama da sama, ƙasa da ƙasa, sai a samu 3 × 5 a sama da 4 × 1 a ƙasa. Ninkawa da 1 ba ta canza lamba, shi ya sa 4 ta tsaya a inda take.

Amfanin wannan fahimtar yana bayyana a harkar yau da kullum. A ɗauka mai awon hatsi yana asarar rubu'in mudu kowace rana saboda zubewa da gyara. A ido wannan ba wani abu ba ne. A kwana 30 kuwa lissafin shi ne −1/4 × 30 = −30/4, wanda ya rage zuwa −15/2, wato asarar mudu bakwai da rabi. A wata goma sha biyu, −15/2 × 12 ya kai −90. Da yayyafi kogi kan cika, kuma haka asara take taruwa.

Idan lambobin biyu duk suna da alamar debewa

A nan ne ɗalibai da yawa kan haddace ƙa'ida ba tare da sun gamsu da ita ba. Ƙa'idar ita ce, mai alamar debewa sau mai alamar debewa yana ba da amsa marar alama, wato ta sama da sifili. Misali, −2/5 × (−3) = 6/5.

Ana iya ganin dalilin ta hanyar bin jeri. −2/5 × 3 = −6/5. −2/5 × 2 = −4/5. −2/5 × 1 = −2/5. −2/5 × 0 = 0. Duk lokacin da cikakkiyar lambar ta ragu da ɗaya, amsa tana ƙaruwa da 2/5. Idan aka ci gaba da sauka, dole −2/5 × (−1) ya zama 2/5, sannan −2/5 × (−2) ya zama 4/5, −2/5 × (−3) kuma 6/5. Duk wata amsa daban za ta karya jerin.

Misalin rijiya ya fi kusa da tunani. A ɗauka ruwan wata rijiya yana sauka rabin mita kowane wata a lokacin rani, wato −1/2. Bayan wata huɗu, ruwan zai kasance −1/2 × 4 = −2, ma'ana ya yi ƙasa da inda yake yau da mita biyu. To, ina yake wata huɗu da suka wuce? Lokacin da ya wuce ana rubuta shi da alamar debewa, sai lissafin ya zama −1/2 × (−4) = 2. Ruwan yana sama da inda yake yau da mita biyu, kuma kowane mai rijiya zai shaida hakan. Ta fuskar bashi ma haka abin yake: wanda aka yafe wa bashin rabin mudu har sau huɗu ya ƙaru da mudu biyu.

Lambar da ta haɗa cikakkiya da ɓangare

Lamba kamar −2½ tana bukatar kulawa ta musamman, domin alamar debewar ta hau kan 2 da kuma ½ baki ɗaya. Bashin biyu da rabi ke nan. Kafin a ninka, a mayar da ita ɓangare zalla: biyu sau biyu huɗu, a ƙara ɗaya biyar, ta zama −5/2. Daga nan −5/2 × 4 = −20/2 = −10.

Ɗalibin da ya ɗauki −2½ a matsayin −2 da aka ƙara wa ½ zai samu −3/2, amsarsa kuma ta fito −6. Ya rage wa bashin rabi a inda ya kamata ya ƙara masa.

Kurakuran da aka fi yi

Na farko shi ne ninka sama da ƙasa duka. Wanda ya yi haka da −3/4 × 5 zai samu −15/20, wanda idan aka rage shi zai koma −3/4. An yi aiki amma lambar ba ta motsa ba, domin ninka sama da ƙasa da lamba ɗaya daidai yake da ninkawa da 1.

Na biyu shi ne sanya alamar a sama da ƙasa lokaci guda. (−3)/(−4) ba −3/4 ba ne. Alamun biyu suna soke juna, lambar ta zama 3/4.

Na uku shi ne ɗauko ƙa'idar ninkawa a kai ta wurin tarawa. Wasu da sun ga alamar debewa biyu sai su rubuta amsa marar alama ko da tarawa aka ce su yi. Amma −1/2 + (−1/2) = −1. Bashi a kan bashi ƙarin bashi ne.

Na huɗu shi ne rashin kula da baka biyu. Idan aka rubuta 5(−3/4), ninkawa ake nufi, amsa kuma −15/4. Idan aka rubuta 5 − 3/4, debewa ce, amsa 4¼. Wannan kuskuren kan faru har a na'urar lissafi, idan aka danna 5 sannan alamar debewa ba tare da alamar ninkawa a tsakaninsu ba.

Na biyar shi ne zaton cewa ninkawa kullum ɗaga lamba take yi. −15/4 ya fi −3/4 nisa daga sifili, amma a ƙima yana ƙasa da shi. Wanda ake bi naira dubu goma sha biyar ya fi wanda ake bi dubu uku shiga matsi.

Inda ake amfani da wannan lissafin

A harkar sufurin jiragen sama ana aiki da wani mizanin yanayi na bai ɗaya, wanda ya ɗauki zafin iska a daidai doron teku a matsayin digiri 15 a ma'aunin Salshiyos, kuma yana raguwa da digiri shida da rabi a kowace kilomita da aka hau, har zuwa kilomita 11. Raguwar ita ce −13/2. A tsayin kilomita 10, kusan inda manyan jiragen fasinja ke tafiya, −13/2 × 10 = −65. Idan aka haɗa da 15, zafin iskar da ke wajen jirgin ya zama digiri −50. Wannan raguwar ce ta sa garuruwan tudu irin su Jos suka fi na kwari sanyi.

Wajen juya ma'aunin zafi daga Faranhait, wanda ake amfani da shi a Amurka, zuwa Salshiyos, ana debe 32 sannan a ninka da 5/9. Digiri 14 na Faranhait ya zama 14 − 32 = −18, sannan 5/9 × (−18) = −10. A nan alamar tana kan cikakkiyar lambar ce, amma ƙa'idar ba ta canza ba. A digiri −40 ma'aunan biyu suna haɗuwa, domin 5/9 × (−72) = −40.

Jarrabawar SAT ta neman shiga jami'o'in Amurka ta daɗe tana cire rubu'in maki a kan kowace amsar da ba daidai ba a tambayoyi masu zaɓi biyar, kafin a daina hakan a 2016. Ɗalibin da ya ci tambaya 40 ya faɗi 12 zai rasa −1/4 × 12 = −3, ya tashi da 37. Ba a zaɓi rubu'i da ka ba. Mai canki-canka a tambayoyi biyar ana sa ran ya dace da ɗaya ya kuskure huɗu, makin da ya samu kuma sai −1/4 × 4 = −1 ya cinye shi, ya tashi a sifili.

A fannin kuɗi, Babban Bankin Turai da ke Frankfurt ya saukar da kuɗin ruwan ajiya zuwa ƙasa da sifili a watan Yunin 2014, ya kai shi −0.5 cikin ɗari a watan Satumban 2019, kafin ya mayar da shi sifili a watan Yulin 2022. Rabin ɗaya cikin ɗari shi ne 1/200. Bankin da ya ajiye yuro miliyan ɗaya a ƙarƙashin wannan ƙa'ida na tsawon shekara, lissafinsa shi ne −1/200 × 1,000,000 = −5,000. Mai ajiya ne ke biya, domin a zaburar da bankuna su fitar da kuɗi su ba da rance.

Taƙaitaccen tarihi

Ɓangaren lamba ya riga alamar debewa zuwa duniya da nisa. Wani marubucin tsohuwar Masar mai suna Ahmes ya kwafi takardar lissafin da aka fi sani da ta Rhind wajen shekara 1550 kafin Miladiyya, kuma tana cike da lissafin raba burodi da hatsi. Raba abu kashi-kashi kowa na ganinsa da ido. Lambar da ta gaza sifili kuwa sai da ta ɗauki ƙarnoni kafin masana su amince da ita.

A ƙasar Sin aka fara samun rubutacciyar ƙa'idar tara irin waɗannan lambobi da debe su, a littafin lissafi mai babi tara na zamanin daular Han. Liu Hui, wanda ya yi wa littafin sharhi a shekarar 263, ya bayyana cewa ana amfani da jajayen tsinkayen ƙirga a madadin samu, baƙaƙe kuma a madadin rashi.

A Indiya, masani Brahmagupta ya tsara ƙa'idojin ninkawa a littafin da ya rubuta a shekarar 628, inda ya kira lambobin sama da sifili dukiya, na ƙasa da shi kuma bashi. Ya nuna cewa bashi sau dukiya bashi ne, bashi sau bashi kuma dukiya ce. Ƙa'idar da ake koyarwa a aji yau ita ce wannan.

A Bagadaza, Muhammad bin Musa Alkhawarizmi ya rubuta littafinsa na aljabara wajen shekarar 820, kuma wani babban sashe nasa yana kan rabon gado da wasiyya, fagen da ɓangaren lamba ke da muhimmanci ƙwarai. Ya san yadda alamu ke aiki wajen ninkawa, amma bai karɓi lambar ƙasa da sifili a matsayin amsa ba. A ƙarni na 10, Abul Wafa Albuzjani ya yi amfani da ita da sunan bashi a littafin da ya rubuta domin magatakarda da 'yan kasuwa. A ƙarni na 12, Assamau'al ya shimfiɗa ƙa'idojin alamu dalla-dalla. A wannan ƙarnin ne kuma aka ga layin da ke raba lambar sama da ta ƙasa a rubuce-rubucen Alhassar, masanin lissafi na yankin Magrib. Leonardo Fibonacci na Italiya, wanda ya koyi lissafi a garin Bijaya da ke Aljeriya ta yau, ya yi amfani da layin a littafinsa na 1202.

Turai ta yi jinkiri. Alamun + da − sun fara fitowa a bugaggen littafi ne a 1489, a aikin Johannes Widmann da aka buga a Leipzig ta Jamus. Michael Stifel a 1544 ya kira lambobin ƙasa da sifili marasa ma'ana, Gerolamo Cardano kuma a 1545 ya kira su na ƙarya, duk da cewa dukansu biyu sun yi aiki da su. William Oughtred na Ingila ya yaɗa alamar × a littafinsa na 1631, John Wallis kuma a 1685 ya bayyana lambobin a matsayin tafiya gaba da baya a kan layi. Har a 1758, Francis Maseres yana rubutu yana sukar amfani da su. Sai a ƙarni na 19 muhawarar ta kwanta. Saboda haka ɗalibin da darasin ya ɗaure wa kai a karon farko bai yi abin kunya ba, domin manyan masana ma sun daɗe suna kai-komo a kansa.

Yadda ake tantance amsa

Kafin a miƙa takarda, tambayoyi uku sun isa. Ta farko, alamar debewa nawa ce a cikin tambayar? Idan ɗaya ce, amsa tana da alama. Idan biyu ne, ba ta da ita. Ta biyu, girman amsar ya yi daidai da hankali? Tun da 3/4 bai kai 1 ba, girman −3/4 × 5 ba zai kai 5 ba, kuma tun da ya fi rabi, dole ya wuce biyu da rabi. 3¾ ya faɗa tsakani. Ta uku, idan aka raba amsar da cikakkiyar lambar, ana komawa ɓangaren da aka fara da shi? −15/4 idan aka raba shi da 5 yana ba da −3/4.

Ga tambayoyi biyar domin gwaji: −2/7 × 14, −5/6 × 4, −3/8 × (−16), −1¾ × 8, −9/10 × 0.

Amsoshinsu a jere su ne −4, −10/3, wato −3⅓, 6, −14, da 0.